Katangar dutse da siminti a lambu: me ke tsaga ta, kuma yaya ake gina wadda za ta daɗe?

"Assalamu alaikum, Malam. Ina da ɗan lambu a bayan gida, ina so in tare gefe guda da katangar dutse, tsawonta kamar mita 10, tsayinta mita 1. Na riga na samu duwatsu, amma ba sassaƙaƙƙu ba ne, kowanne da irin siffarsa. Abin da ya sa nake ɗari-ɗari shi ne maƙwabcina ya yi irinta, bai yi rowar siminti ba ko kaɗan, amma ko shekara biyu ba ta rufa ba ta tsage daga sama har ƙasa, wasu duwatsun ma sun fara girgiɗa. Wane irin kwaɓi ya kamata in yi? Dole ne sai na zuba kankare a ƙasa ga katangar da ba ta wuce ƙugu ba? Kuma zan iya yi da kaina, ko sai na kira magini?"

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Abu uku ka tambaya: kwaɓi, harsashi, da ko hannunka zai iya aikin. Zan taɓa su duka, amma bari in fara da katangar maƙwabcinka, domin a cikinta amsar take. Ka ce bai yi rowar siminti ba, ka kuma yi mamakin tsagewarta. Ni kuwa da na ji haka ban yi mamaki ba. Yawancin katangun dutse da ake kira na in gyara, siminti ya yi musu yawa ne, jerin dutsen kuma ya yi musu kaɗan.

Ka tuna an daɗe ana gini da dutse kafin a san simintin da muke amfani da shi yau. Sai a 1824 wani magini a Ingila mai suna Joseph Aspdin ya yi rajistar irin simintin da ake kira Portland. Kafin nan farar ƙasa da yashi ake kwaɓawa, wani wurin laka, wani wurin kuma babu komai. Ganuwar tsohon birnin Zimbabuwe, wadda aka gina tsakanin ƙarni na 11 da na 15, ta kai tsayin mita 11 a wasu wuraren, dutse ne bisa dutse ba ko ɗigon kwaɓi, kuma tana nan tsaye. Abin da ke riƙe katangar dutse nauyinta ne da yadda duwatsun suka hau juna. Aikin kwaɓi shi ne ya zama kamar katifa a ƙarƙashin kowane dutse, ya raba nauyin daidai, ya kuma toshe hanyar ruwa. Shi ya sa nake gaya wa yaran da suke koyo a hannuna: duk dutsen da ka ɗora, ka tambayi kanka, da babu kwaɓin nan zai zauna? In amsar a'a ce, ɗauke shi.

Abin da tsagar take faɗa

Ruwa ba ya tsami banza, kuma kowace tsaga tana nuna wanda ya haife ta. Ka nemi izinin maƙwabcinka ka je ka duba da kyau. Idan tsagar ta bi layi ɗaya miƙaƙƙe a tsakanin duwatsu ba tare da ta fasa ko ɗaya ba, to an jera mahaɗar duwatsun a kan juna ne, sahu bayan sahu, har aka bar wa katangar wurin rabuwa tun ranar da aka gina ta. Idan tsagar ta fi buɗewa a sama ta tsuke a ƙasa, wani ƙarshen katangar ne ya nutse, ko kuma saiwar itace ta ɗaga tsakiyarta. Idan ta fi buɗewa a ƙasa, tsakiyar ce ta zauna. Waɗannan biyun duk laifin harsashi ne. Idan kuwa ka ga cikin katangar ya turo waje, fuska biyun ne suke rabuwa saboda babu abin da ya ɗaure su.

Duwatsun da ke girgiɗa kuma labarinsu daban ne. Kwaɓin da siminti ya yi masa yawa yana tsukewa sosai idan ya bushe, sai ya janye daga jikin dutsen ya bar siririyar tsaga da ido ba ya gani da farko. Ruwa ya shiga ta nan, rana ta yi zafi dutse ya buɗe, dare ya yi sanyi ya koma, shi kuwa kwaɓin ya yi tauri ba ya bin motsin. Da sannu dutsen ya saki. Haka ma idan an ɗora dutse da ƙura ko laka a jikinsa, kwaɓin ƙurar ya kama, bai kama dutsen ba.

Harsashi

Eh, dole ne. Gajartar katangar ba ta rage mata nauyi yadda kake zato ba. Katangar dutsen da ba a sassaƙa ba tana bukatar kauri na santimita 40 zuwa 45, don fuska biyu za ka gina da ciko a tsakiya. Mita 10 a tsawo, mita 1 a tsayi, santimita 45 a kauri, nauyin abin da ke saman ƙasa kawai ya kai tan 10 ko kusa da haka. Katangar da babu kwaɓi tana iya ɗan motsawa ta sake zama idan ƙasa ta motsa. Wadda aka yi da siminti ta zama abu guda mai tauri, in ƙasa ta motsa sai ta karye.

Ka haƙa rami mai faɗin santimita 70 zuwa 75. Zurfinsa ƙasar wurin ce za ta faɗa maka, amma ka cire duk baƙar ƙasar sama mai saiwoyi da taki har ka tarar da wadda diga ke jin taurinta. A ƙasa mai kyau, santimita 45 zuwa 60 ya isa. Idan yumɓu ne irin wanda ke darewa idan ya bushe ya kumbura idan ya sha ruwa, sai ka sauka kusan mita 1, inda danshi ba ya canzawa sosai. A ƙasashen da ƙasa ke daskarewa da sanyi, sai an wuce iyakar inda ƙanƙara ke kaiwa. Wurin da aka taɓa yin rami aka cike, ko tsohon juji, kada ka yarda da shi ko da ya yi kama da mai ƙarfi. Kafin diga ta taɓa ƙasa kuma ka tabbata babu bututun ruwa ko wayar lantarki a binne, ka tabbata da iyakar filinka, ka kuma tambayi dokar gini ta wurinku, domin wasu hukumomin suna da ƙa'ida kan tsayin katanga da nisanta daga hanya.

Ka daddaɓe gindin ramin, ka jiƙa shi kaɗan, sannan ka zuba kankare mai kaurin santimita 20: awo 1 na siminti, 2 na yashi, 4 na tsakuwa. Idan kana shakkar ƙasar, ka shimfiɗa rodi mai milimita 12 guda biyu ko uku a tsawon ramin, ka ɗaga su a kan 'yan duwatsu yadda kankare zai rufe su da aƙalla santimita 5 ta kowane gefe. Saman kankaren ya zama a daidaice, amma kada ka goge shi sumul, ka bar shi da kaushi don kwaɓi ya samu abin kamawa. Idan wurin gangare ne, kada ka bi gangaren, ka yi harsashin hawa-hawa kamar matakala, kowane hawa a daidaice. Ka ba shi kwana uku aƙalla kana yayyafa masa ruwa, mako guda ya fi.

Batun itatuwa ina so ka ɗauke shi da muhimmanci, tunda lambu ne. Babban itace kusa da katanga yana cutar da ita ta hanya biyu: saiwa ta ɗaga harsashi, ko ta tsotse danshin yumɓu ƙasa ta tsuke. Idan ba yadda za a yi sai katangar ta ratsa ta kan babbar saiwa, ana yi mata gada da kankare mai rodi a bar mata sarari.

Dutsen da ke hannunka

Ba ka faɗa mini irin dutsen ba, kuma kwaɓin ya danganta da shi. Ga gwaji mai sauƙi: zuba ruwa a kan guda ɗaya. Idan ruwan ya gangare ya bar shi kusan a bushe, dutse ne mai tauri irin giranit ko baƙin dutse. Idan ya shanye ruwan ya yi duhu, mai laushi ne, irin dutsen yashi, dutsen farar ƙasa ko marmara. Ka kuma ƙwanƙwasa shi da guduma. Lafiyayyen dutse yana yin ƙara tsaf, wanda ke da ɓoyayyar tsaga kuma sai ka ji ƙarar ta mutu. Duwatsun rafi masu santsi da zagaye su ne mafiya wahala, ba su da gindin zama, in su ne da kai sai an fasa da yawa daga cikinsu.

Kafin ka buɗe buhun siminti ko ɗaya, ka baje duwatsun a ƙasa ka ware su. Masu kusurwa mai kyau gefe guda, na kusurwoyi da ƙarshen katanga ne. Dogaye waɗanda za su ratsa kaurin katangar daga fuska zuwa fuska gefe guda, kuma ka ɓoye su sosai, domin su ne mutum ke kwaɗayin ɗauka tun a sahun farko. Masu faɗi da fale-fale ka ajiye su na murfi. Manya munana su tafi ƙarƙashin ƙasa inda ba mai ganinsu. Ƙanana da ɓaraguzai na ciko ne, kada ka zubar da ko ɗaya. Ka wanke su duka da ruwa da buroshi.

Akwai abin da masu sabon hannu ba sa lura da shi. Dutsen yashi da na farar ƙasa suna da sahu-sahu a jikinsu, yadda suka kwanta a ƙasa tun asali. Ka ɗora su a kwance yadda aka halicce su. Idan ka tsayar da sahun yana kallon waje, ruwa zai shiga tsakani, fuskar ta riƙa ɓantarewa falle-falle.

Ga ƙiyasin kaya. Idan aka haɗa da ɓangaren da ke binne, katangarka za ta kai kusan mita 6 na murabba'in ciki, wato tsawo sau tsayi sau kauri. Kusan kashi 30 cikin 100 na wannan kwaɓi ne. Ka tanadi dutse kamar tan 13, don sai ka samu rarar zaɓi, da siminti kamar buhu 20 mai kilo 50, rabi na kankare rabi na kwaɓi. Ƙiyasi ne kawai, siffar dutsenka da faɗin mahaɗarka za su iya ƙara shi ko su rage.

Kwaɓi

Ƙa'idar da nake bi ita ce kwaɓi kada ya fi dutsen ƙarfi. Dalilin shi ne duk katanga tana ɗan motsi, kuma tana shan danshi. Idan kwaɓin ya fi laushi, shi ne zai ɗauki motsin, ta cikinsa kuma danshin zai fita. Ko ya lalace bayan shekaru masu yawa, a kankare shi a sake cusa sabo. Idan kuwa ya fi dutsen tauri, danshin ta cikin dutsen zai nemi hanya, kanwa ta taru a gefunansa, ya riƙa rududdugewa. Na sha ganin katangar dutse mai laushi da duwatsun suka cinye suka koma ciki, layukan simintin suna tsaye cirko-cirko a waje.

Ga yawancin duwatsu, abin da nake kwaɓawa shi ne awo 1 na siminti, 1 na farar ƙasar gini, 6 na yashi. Idan dutsen mai laushi ne sosai, 1 na siminti, 2 na farar ƙasa, 9 na yashi. Sahun da ke cikin ƙasa da kuma murfin sama, waɗanda suka fi shan ruwa, ana ƙara musu ƙarfi: 1 na siminti, rabin awo na farar ƙasa, 4 da rabi na yashi. Farar ƙasar da nake nufi ita ce wadda aka gasa daga dutse aka shayar da ita ruwa, ana sayar da ita gari a buhu don gini. Wadda manoma ke zubawa a gona niƙaƙƙen dutse ne kawai, ba ta kama komai. Amfanin farar ƙasa shi ne tana sa kwaɓi ya yi laushi a cokali, ya riƙe ruwansa, ya manne da dutse, kuma tana iya toshe 'yan ƙananan tsagu da kanta bayan lokaci. Idan ba ka samu ba, ka yi 1 na siminti da 5 ko 6 na yashi, ka sa ruwan maganin laushin kwaɓi da ake sayarwa don haka. Wasu suna zuba sabulun wanki a madadinsa. Kwaɓin yakan yi daɗin aiki kam, amma kumfar tana raunana shi, ban yarda da shi ba. Awo 1 na siminti da 3 na yashi da mutane ke yi suna ganin sun kyauta, ina kyautata zaton irinsa maƙwabcinka ya yi.

Ka auna da bokiti, kada ka auna da shebur, domin shebur ɗin yashi mai danshi da na garin siminti ba ɗaya ba ne, kuma launin katangar zai bambanta daga kwaɓi zuwa kwaɓi. Yashin ya zama mai kaushi da tsabta. Ka zuba shi a kwalba zuwa rabi, ka cika da ruwa, ka girgiza ka ajiye har ya kwanta. Lakar za ta zauna a saman yashin. Idan ta kusa kashi 1 cikin 10 na tsayinsa, a wanke shi ko a canza. Yashin bakin teku yana da gishiri, ka guje shi.

Ruwan kwaɓi kuma shi ne inda wanda ya saba da bulo yake tuntuɓe. Kwaɓin dutse ya fi na bulo tauri. Ka dunƙula shi a hannu, da safar roba, ya tsaya dunƙule bai zube ba, bai kuma ɗiga ruwa ba. Dutse mai tauri ba ya shan ruwa, in kwaɓin ya yi ruwa-ruwa sai ka ga dutsen yana iyo a kansa, kwaɓin yana tsiyaya a fuskar katanga. Dutse mai laushi kuwa sai an jiƙa shi tukuna ya yi danshi, ba sharkaf ba, in ba haka ba zai tsotse ruwan kwaɓin kafin siminti ya kama. Ka kwaɓa abin da za ka ƙarar cikin awa ɗaya da rabi zuwa biyu. Wanda ya fara daskarewa kada ka farfaɗo da shi da ruwa, zubar da shi.

Jeri

Nan ne aikin yake. Ka kafa katako biyu a kowane ƙarshe, a tsaye cak, tazararsu daidai kaurin katangar, ka ja igiya a kowace fuska. Igiyar za ka riƙa ɗagawa sahu bayan sahu, kuma dutse ya matso kusa da ita amma kada ya taɓa ta, don dutse ɗaya da ya ture igiya zai karkatar da duk na bayansa. Idan akwai kwana, ka fitar da ita da awon 3, 4, 5: santimita 90 a gefe guda, 120 a ɗayan, tsakaninsu ya ba ka 150. Kusurwoyi da ƙarshe ake fara ɗagawa, da dogayen duwatsu, wannan ya miƙa ta nan, na samansa ya miƙa ta can, sannan a cike tsakiya.

Ga yadda ake ɗora dutse guda. Ka ɗauko shi ka gwada a wurin ba kwaɓi. Ka juya shi, ka sake juyawa, har ka ji ya zauna. In wani ɗan ƙahon ne ke hana shi, ka fasa shi da guduma a ƙasa, kada ka fasa a kan katangar. Ka ɗauke, ka shimfiɗa kwaɓi mai kaurin kamar santimita 2 zuwa 3, ka ja shi baya kaɗan daga bakin fuska. Ka ɗora dutsen, ka danna shi da ɗan murzawa, ka bubbuga da ƙotar guduma har kwaɓi ya fara leƙowa. Idan yana lilo, ka cusa masa ɗan ɓarin dutse ta ciki, ta wajen tsakiyar katanga, domin wanda aka cusa ta waje faɗowa yake yi. In ya zauna bai yi maka ba bayan ya ɗan jima, kada ka ture shi a wurin. Ɗaga shi, kankare kwaɓin, zuba sabo.

Kowane dutse ya hau kan biyu, ya rufe mahaɗar da ke ƙarƙashinsa. Mahaɗa ta hau mahaɗa sau biyu, ana iya haƙuri, sau uku kuwa ka shuka irin tsagar maƙwabcinka. Tsawon dutse ya shiga cikin katanga, kansa ne kawai zai leƙo waje. Wannan yana da ciwo, na sani, domin mutum yana ganin dutse mai faffaɗar fuska kyakkyawa sai ya so ya tsayar da shi a kan gefensa kowa ya gani. Irin wannan dutsen manne yake kawai, shi ne farkon faɗowa. Saman kowane dutse kuma ya zama a daidaice, kada ya gangaro waje, don na samansa zai nemi zamewa.

Fuska biyun tare ake ɗaga su, ana cike tsakiya a kowane sahu. Ka fara zuba kwaɓi, sannan ka danna ɓaraguzan dutse a ciki ɗaya bayan ɗaya. Kada ka zuba tsakuwa a bushe ka shafe samanta da kwaɓi, ramukan da suka rage a ciki ma'ajiyar ruwa ce. Kada kuma ka cika tsakiyar da kwaɓi zalla, asara ce kuma tsukewa zai yi.

Idan ka kai rabin tsayi, wajen santimita 45 zuwa 50, sai dogayen nan da ka ɓoye su fito. Ka gitta ɗaya a kowace mita guda, daga fuska zuwa fuska. Su ne ke hana katangar rabewa gida biyu. Idan babu masu tsawon haka, ka sa biyu gefe da gefe, ɗaya daga nan ɗaya daga can, kowanne ya wuce tsakiya sosai. Ana kuma iya sa ƙarfen da ba ya tsatsa. Baƙin ƙarfe tsirara kada ka binne shi a kwaɓi mai farar ƙasa kusa da fuska, domin tsatsa tana kumbura ta fasa gini.

Kada ka ɗaga fiye da santimita 40 zuwa 50 a rana, nauyin na sama zai matse ɗanyen kwaɓin ƙasa. In za ka tashi aiki, ka bar ƙarshen hawa-hawa don na gobe ya samu inda zai sarƙe. Tunda mita 10 ce kuma da siminti, ka bar tsaga ta ganganci guda a tsakiya, faɗin santimita 1, daga harsashi har sama, kowane gefe an gina shi kamar ƙarshen katanga. Haka ma inda za ta haɗu da bangon gida, kada ka sarƙe su, nauyinsu da motsinsu ba ɗaya ba ne.

Gyaran mahaɗa da murfi

Bayan 'yan awoyi, idan ka danna kwaɓin da babban yatsa ya lotsa bai manne maka ba, lokacin gyara ya yi. Ka kankare shi ya koma ciki kamar rabin santimita zuwa ɗaya, ka danne shi da ɗan itace ko guntun tiyo, sannan ka share da busasshen buroshi mai tauri. Idan ɗanyen kwaɓi ya zuba a fuskar dutse, kada ka bi shi da jiƙaƙƙen soso nan take, shafe dutsen za ka yi da toka-toka wadda ba ta fita. Ka bari ya ɗan sha iska ka ɓantare shi da bakin cokali. Akwai masu fito da kwaɓin waje kamar igiya a zagaye kowane dutse har su shafa masa fenti. A ganina yana kashe kyan dutsen, kuma kowane layi ya zama ɗan dakalin da ruwa ke zama.

Murfi shi ne abin da aka fi yi wa sakaci, alhali ta sama ruwa ya fi shiga katanga. Shafa siminti siriri a kai ba murfi ba ne, zai tsattsage a shekarar farko. Ka sa faffaɗan duwatsu ko falankin kankare da suka rufe kaurin duka suka zarce da santimita 4 zuwa 5 ta kowane gefe, da ɗan gangare kaɗan, a cike mahaɗarsu tam. Idan za ka iya, ka yanka siririn layi a ƙarƙashin bakin da ya zarce, nan ruwa zai tsaya ya ɗiga ƙasa maimakon ya bi jikin katangar.

Siminti da ruwa yake yin ƙarfi, bushewa da wuri kashe shi take yi. Ka rufe aikin kowace rana da jiƙaƙƙen buhun algarara, ka riƙa yayyafi har mako guda, musamman in akwai zafin rana ko busasshiyar iska. In hadari ya taso a ranar farko, rufe da leda. In sanyi ya sauka ƙasa da digiri 5 a ma'aunin Salshiyos, a dakata da gini. Sai wajen kwana 28 siminti ke kai ƙarfin da ake lissafi da shi, don haka kada a jingina mata kaya kafin nan. Idan farin gishiri ya fito a jikinta a watannin farko, ka share da busasshen buroshi, yakan daina da kansa. Ruwan asid da ake wanke gini da shi yana cin dutsen farar ƙasa, kuma fenti ko man ƙyalli mai toshe dutse yana kulle danshi a ciki.

Ka lura da inda ruwan sama da na ban-ruwa ke bi a lambun. Idan katangar za ta tare masa hanya, ka binne guntayen bututu masu faɗin santimita 5 a daidai fuskar ƙasa, kowace mita 1 da rabi zuwa 2.

Iyakar wannan shawara

Duk abin da na faɗa na katangar da ke tsaye ita kaɗai ne, iska ta kowane gefe. Idan za ka tara ƙasar shuka a bayanta, ko wurin tudu ne take tarewa, lissafin ya canza. Turin ƙasa yana ninkuwa huɗu idan tsayi ya ninka biyu, jiƙaƙƙiyar ƙasa kuma ta fi busasshiya turi nesa ba kusa ba. Irin wannan tana son gindi mai kaurin kusan rabin tsayinta, da ɗan jingina baya, da tsakuwa mai kaurin santimita 30 a bayanta, da ramukan fitar ruwa. Da zarar ta wuce mita 1, ko akwai gini ko hanyar mota a samanta, injiniya ne zai zo ya ga wurin. Haka nan ƙasarka, daga nesa ba zan iya yanke mata hukunci ba. In ka haƙa ka tarar da ruwa, ko ƙasa mai laushi da ba ta ƙarewa, ka tsaya ka nemo wanda zai duba da idonsa.

Game da ko za ka iya da kanka, za ka iya, in kana da haƙuri da lafiyar baya. Katanga mai mita 1 ita ce daidai ta koyo. Sai dai ka sa a ranka aikin makonni ne ga sabon hannu. Abin da na fi ba mutane shawara shi ne su ɗauki magini wanda ya san dutse, domin ba kowane mai jera bulo ne ya san shi ba, ya fitar musu da harsashi, ya ɗaga kusurwoyi da sahun farko suna kallo suna miƙa masa, sannan su ci gaba. Kafin ranar, ka jera mita guda a gefe ba tare da kwaɓi ba, ka rushe, ka sake, har idonka ya fara gane dutsen da zai shiga wane gurbi. Ka fara ginin gaske daga ƙarshen da ido bai cika kaiwa ba. Ka sa safar hannu ta roba, don ɗanyen siminti da farar ƙasa suna ƙona fata, da tabarau lokacin fasa dutse, da takalmi mai rufin yatsu. In za ka yanka dutse da inji, ka jiƙa shi ka kuma rufe hanci da baki, ƙurarsa tana lalata huhu. Dutsen da ya fi ƙarfinka ka mirgina shi a kan katako, ko ku ɗauka ku biyu.